Surukina da Mutumin Cikin Majigi

Daga Allah muke, kuma gare shi za mu koma. Surukina, uban mijina, ya koma ranar wata Talata da hantsi, a ɗakinsa na bayan maƙera, kafin la'asar har an kai shi makwancinsa.

Ina cikin mata a tsakar gida, ina jin duk abin da ake faɗa, don mutanen Makera ba su iya rage murya ba ko a gidan mutuwa. Wata tsohuwa mai daddawa ta shigo tana tambayar wa ya rasu. Aka ce mata tsohon majigi ne. Ta ce, "Ayya, ashe ya huta da yawo." Wata ta karɓe, wai ai tun bara kansa ya ɗan taɓu, Allah dai ya sa can ta fi masa nan. Daga zaure kuma ina jiyo maƙera, abokan sana'arsa. Ɗaya yana cewa tunda yake bai taɓa jin an mayar masa da fartanya ba, ɗaya yana tambayar wanda zai gaji zuga-zugai tunda babu namiji a gidan. Maƙwabciyarmu mutuniyar Kagoro, matar wani ma'aikacin reluwe, ita ce ta yi kukan da ya fito daga ciki. Ta zauna a bakin ƙofa tana cewa, "Baban nan bai taɓa wuce ni bai gaishe ni ba, ko ina ɗauke da tukunyar giya."

Tsohon majigi. Sunan nan ya ɓata mini rai fiye da yadda zan iya faɗa. Mutum ya shekara sittin da wani abu yana dukan ƙarfe, rabin gonakin bakin kogin nan da fartanyarsa ake nome su, amma abin da ya rage a bakin mutane shi ne shekarunsa biyu na ƙarshe. Shi ya bar ni na shiga ajin yaƙi da jahilci lokacin da ake cewa ba aikin matan aure ba ne. To bari in yi amfani da abin da na koyo, in rubuta shi yadda na san shi, ko don 'yata, jikarsa, wadda ita kaɗai ce jininsa da muke iya nunawa.

Daga ƙasar Katsina ya zo, tun Kaduna tana 'yan rumfuna da tashar jirgi. Dogo ne, ƙaton hannu, kunnensa na hagu kuma guduma ta kashe shi. Kunnen nan ya yi masa amfani ƙwarai. Duk wanda ya zo da gulma ko cinikin rainin hankali, sai ya juya masa wannan gefen, ya yi ta gyaɗa kai har mutum ya gaji ya tafi. Maganarsa guda ce a kan komai: "A bar shi ya huce." Ƙarfe ne, a bar shi ya huce. Kunu ne, a bar shi ya huce. Maƙwabta sun kaure da faɗa a bakin famfo, a bar su su huce. Ranar da na fara girki a gidan na ƙona tuwo har warin ya kai titi, ya cinye nasa tas, ya aiko a gaya wa Amarya cewa maƙeri bai saba da abin da wuta ba ta taɓa sosai ba. Tun daga ranar Amarya yake kirana, har na haihu, har 'yar ta fara tafiya makarantar allo.

Sau ɗaya tak na san bai bar abu ya huce ba, kuma shi ne ya cinye mu duka.

Mijina ɗansa ne na fari, kuma shi kaɗai ya rayu. Saboda kunyar ɗan fari Baba ba ya kiran sunansa, ba ya zama inda yake, ba ya yabonsa. "Wancan" yake ce masa. Ni ma ba na faɗin sunan, tunda miji ne. Da mijina ya dawo daga yaƙin Bama sai zaman maƙera ya gagare shi. Ya ga teku, ya hau jirgin ruwa, ya riƙe bindiga, yanzu kuma a ce ya durƙusa yana zuga kamar yadda ya yi tun yana ƙaramin yaro. Wata safiya Baba ya iske wuta ta mutu, shi kuwa yana kwance. Aka yi musayar magana, ina jin su daga madafa. Baba ya ce, "In wannan wutar ba ta ishe ka ba, je ka nemi wadda za ta ishe ka." Washegari mijina ya hau jirgin Ikko, ina da ciki a lokacin. Bayan shekara guda wani falke mai goro ya ce ya gan shi a bakin teku, ya sami aikin zuba kwal a jirgin ruwa mai zuwa Ingila. Daga nan ba mu ƙara jin komai ba.

Shekaru suka yi ta wucewa a kaina, ni ba bazawara ba, ni ba mai miji ba. Ubana ya rasu tun ina ƙarama, kawuna na Tudun Wada shi ne waliyyina. Duk shekara sai ya hayo gadar kogin Kaduna ya zo ya ce lokaci ya yi da za a je gaban alƙali a raba auren nan, yarinya ta sami wani. Duk shekara Baba sai ya ce a ƙara haƙuri zuwa kaka. Ba zan ɓoye ba, na gaji. Ina son a sake ni, ina kuma jin kunyar tsohon da yake auno mini hatsi kafin ya auna wa kansa. Muddin bai ce ya haƙura ba, ƙafata ba za ta taka ƙofar alƙali ba, kuma kowa ya san haka.

Ana cikin wannan motar majigi ta zo. Tun azahar take zaga unguwa da lasifika, wai a hallara a filin kusa da tasha bayan magariba. Baba ba mai son kallo ba ne, mijin maƙwabciyarmu ne ya ja shi. Ita ce ta ruga ta ba ni labari kafin su iso gida. Ta ce ana tsakiyar kallo sai Baba ya miƙe tsaye a cikin jama'a, ya ƙwala kiran sunan ɗansa, sunan yanka, har sau biyu. Mutumin da bai taɓa furta shi ba tun ranar suna. Fili ya kwashe da dariya, na baya suna cewa tsoho ya zauna ya tare musu.

A daren ya tsaya a ƙofar ɗakina, abin da bai taɓa yi ba. Ya ce, "Amarya, wancan yana raye. Na gan shi. Jibi za su nuna a Kakuri, ki shirya ki je ki gani da idonki."

Na yafa mayafi na bi shi a baya, mata suna leƙe ta katanga. An kafa farin ƙyalle a jikin mota, inji yana ta ƙugi, ƙwari suna ta yawo cikin hasken. Aka fara da na haƙa masai, aka yi na shuka gyaɗa, sannan mai bayani ya ce yanzu za mu ga yadda talakan Ingila yake wuni.

Babu sarki a ciki, babu yaƙi, babu labari ma. Gari ne ya waye da hayaƙi. Wani mutum yana bin ƙofa ƙofa yana ajiye kwalaben madara, ba mai ɗauka. Wata mace ta durƙusa tana wanke dokin ƙofarta da tsumma. Da aka nuno Bature yana share titi sai fili ya ɗauki ihu, "Bature da tsintsiya!" Mu da muka saba ganinsu a bayan mota, ba mu taɓa zaton akwai masu shara a cikinsu ba. Mutane sun jeru suna jiran mota mai bene, kowa ya ƙura wa ƙeyar na gabansa ido. Wani tsoho yana zaune shi kaɗai a kan benci yana watsa wa tattabaru burodi. Mai bayani yana ta zuba, "Kun gani, jama'a, kowa da aikinsa, ba mai zaman banza." Can da yamma ta yi a garin nasu, aka buɗe ƙofar wata masana'anta, ma'aikata suka ɓarko, wasu a ƙasa wasu a kan kekuna. Baba ya daki ƙasa da sanda.

"Ga shi nan. Dubi kafaɗar."

Baƙin mutum ne guda ɗaya a cikin fararen, da ƙaton kwat da hula. Ya ratso daga dama zuwa hagu, kansa a sunkuye, kafaɗarsa ta hagu ta ɗan faɗa ƙasa. Kafin in haɗiye yawu ya fice.

"Zuga ce ta karya masa ita tun yana yaro," in ji Baba. "Kin gani?"

Ba zan musa ba. Tafiyarsa ce. Amma kuma tafiyar duk wanda ya gaji ce, na sha ganinta wurin leburorin tasha. Fuskar ban gan ta ba. Na ce, "Baba, akwai kama." Shi kuwa ya ɗauki wannan a matsayin shaida, ya kama hanya yana hamdala har gida.

Daga nan maƙera ta fara sanyi. Duk inda motar ta nufa sai ya bi. Barnawa, Kakuri, har Rido ya taka a ƙasa, ya kwana a zauren mai gari, ya dawo da ƙafa a kumbure. Wani zuwan ba sa ma ɗauko faifan fim ɗin Ingilan, sai ya zauna ya kalli na masai daga farko har ƙarshe ya tashi. Yara suka sa masa suna, suna binsa da shi a titi, shi kuma ya juya musu mataccen kunnensa.

Ya haddace mutanen cikin majigin kamar maƙwabtansa. Idan na kai masa tuwo sai ya tsare ni da zancensu. Matar nan mai wanke ƙofa, a cewarsa, mace ce mai tsabta, yana jin in wancan ya roƙe ta ruwa za ta ba shi. Mai madara bai yarda da shi ba, wai idonsa ya cika rawa. Tsohon tattabaru shi ya fi tsaya masa a rai. "Ina 'ya'yansa?" Haka yake tambaya kullum, kamar ni na sani. Da farko murna yake yi, daga baya murnar ta koma damuwa. Ya ce ya ƙirga, tun daga safiyarsu har yammarsu bai ga mutum ɗaya ya tsaya ya gaida ɗan'uwansa ba. Bai ga masallaci ba, bai ga inuwar da ake zama ba. "Amarya, in ciwo ya kama shi a garin nan, wa zai leƙa shi? In ya mutu, wa zai wanke shi?" Sai dai in kwashe kwanuka.

Kawuna ya zo a wannan kakar kamar yadda ya saba, aka yi abin da ba a taɓa yi ba, suka ɗaga wa juna murya a zaure.

"Malam, hoton majigi ba zai riƙe mace ba. Ƙuruciyarta tana ƙarewa a gidanka."

"Ta taɓa kwana da yunwa? Tambaye ta. Na ga ɗana da idona, ita ma ta gani. Za ka raba auren mai rai?"

"Fuskarsa ka gani?"

Baba ya juya masa kunnen hagu. Kawu ya saɓa babbar rigarsa ya fita ko sallama babu. Tambayar nan ita ce ta zauna wa Baba a ƙirji, ya daina cin abinci sosai.

Ba a jima ba aka ji cewa za a mayar da faifan Ikko, nunin da za a yi a filin tasha shi ne na ƙarshe. Da la'asar Baba ya ce in raka shi wurin mai kunna injin. Saurayi ne mutumin wajen Kafanchan, mai kaki da gajeren wando, ya san Baba sarai don yakan aje masa wuri a gaba. Muka same shi yana goge injin. Baba ya cire hularsa, furfura a fili, ya durƙusa a gabansa har gwiwa biyu. Na kau da kai.

"Kai, Baba, don Allah tashi! Me na yi maka?"

"Ɗana, alfarma nake roƙo. In an zo wurin ƙofar nan, ka tsayar mini da shi in ga fuskarsa."

"Sori, Baba, ba a yin haka. Fitilar cikin nan zafi gare ta ba kaɗan ba. Fim ɗin gudu yake yi shi ya sa yake tsira. In ya tsaya, ya tafi."

"Ni maƙeri ne, na san wuta tun ba a haifi ubanka ba. Ƙiftawar ido ba ta ƙona komai."

Da ƙarfe yake auna wuta, shi ya sani duk rayuwarsa. Saurayin ya san ba haka ba ne, amma an yi masa tarbiyya irin tamu, ba ya iya cewa a'a ga tsoho mai furfura da ke durƙushe ba hula. Ya kama hannun Baba ya tashe shi, ya ce, "To, Baba. Amma ƙiftawa ɗaya."

Da aka zo wurin, ma'aikata suka ɓarko, mai kwat ya kai tsakiyar ƙyalle, sai komai ya tsaya cak. Kekuna suka tsaya, hayaƙi ya tsaya. Baba ya matsa har ya kusa taɓa ƙyallen. Abin da ba mu yi tunani ba shi ne, da tafiya ya gane shi, yanzu kuwa babu tafiyar. Wani baƙin dishi-dishi ne kawai a ƙarƙashin hula, ba ido, ba baki. Baba ya ɗaga hannu ya ce, "Ɗan ƙara kaɗan." Sai wani jan ɗigo ya fito a ƙirjin mutumin, ya buɗe, ya yi ƙuraje, ya cinye shi, ya cinye kekunan, ƙyalle ya koma fari fat. Yara suka yi ta tafi, sun ɗauka cikin wasan ne.

Saurayin ya yi sauri ya tada injin, amma inda ya narke ya manne, haƙoran injin suka tattaune wajen kamu guda kafin ya kashe. Ya yanke ɓarnar da almakashi, ya liƙa bakin biyu. Ba wanda ya roƙe shi, da kansa ya ɗan mayar da faifan baya ya sake saki. Ƙofa ta buɗe, kekuna suka fito, hoton ya yi tsalle, sai gefen kwat kawai muka gani yana ficewa ta hagu.

Baba bai tashi ba har aka naɗe ƙyalle. Saurayin ya zo ya tsuguna a gabansa yana hawaye, ya sa masa guntun da ya yanke a tafin hannu. Baba ya ce, "Ba laifinka ba ne, ɗana. Ka faɗa mini." In an tambaye shi a ofis, in ji Baba, ya ce wani tsoho ne ya tilasta shi.

Da gari ya waye ya kira ni tsakar gida, ya miƙo mini guntun, wai idona ya fi nasa. Na ɗaga shi saitin rana. Duk ya yamutse, amma akwai 'yan gidajen hoto uku ko huɗu da suka tsira, kowanne bai kai farcen ƙaramin yatsa ba. Ƙofar masana'antar tana nan. Mutumin kuwa bai fi ƙwayar gero ba.

"Me kika gani?"

"Yana nan, Baba. Amma ƙanƙane ne ƙwarai."

"Fuskar fa?"

"Babu."

Ya karɓa ya sa a aljihu. Kwana da kwanaki bai hura wuta ba, bai yi zancen mai madara ba, bai yi na tsohon tattabaru ba. Sannan wata safiya ya sa farar rigarsa ta Juma'a, alhali ba Juma'a ba ce, ya aika a kira kawuna. Mu uku muka haye gada zuwa wurin alƙali, su a gaba, ni a baya.

Kawu ya yi bayani. Alƙali ya tambaye ni, na amsa kaina a ƙasa. Sannan ya juya ga Baba. Ya ce, "Malam, labari ya zo mana cewa kana faɗa wa mutane ka ga ɗanka da rai. In haka ne ka faɗa, mu saurara."

Na ga hannun Baba ya shiga aljihu, ya daɗe a ciki, ya fito ba komai. Ya juya wa alƙali kunnensa mai ji, ya ce, "Allah ya gafarta Malam, na ga wani mutum mai kama da shi. Ban san ko shi ne ba. A sallami yarinyar nan."

Abin da na yi shekaru ina so ke nan, kuma ban taɓa jin baƙin ciki irin na wannan ranar ba. A bakin gada Baba ya tsaya, ya ce in bi kawuna, in riƙa turo masa jikarsa ranar Juma'a. Na tsaya ina kallonsa har ya haye shi kaɗai. Bai ga wata damina ba.

Ya Allah, ka jiƙan maƙerin nan, ka sanyaya masa kabarinsa, ka yafe masa maganar da ya yi cikin fushi, don ya biya ta tun a duniya. In ɗansa ya riga shi, ka haɗa su inda zai gan shi fuska da fuska. In kuwa yana can yana fitowa daga wata ƙofa da yamma, kansa a sunkuye, to bai san ubansa ya rasu ba, kuma ba mu da wanda za mu aika.